Filin Tambaya da Amsa: Ina Aka Samo Wannan Suna?

Wasiƙun da suka taru mana daga unguwannin Kumasi a wannan karo kusan duk a kan sunan jariri suke. A da, uban jariri zai je wajen liman da goronsa, ya ce sunan mahaifinsa ko na surukarsa yake so a mayar, shi ke nan an gama. Yanzu mace tun cikinta yana wata uku ta tara sunaye ashirin a waya, kowanne da ma'anarsa a gefe, wasu har da shaidar cewa daga Alƙur'ani aka ɗauko su. Neman sabon suna ba aibu ba ne. Abin da yake damunmu shi ne a yanka rago a kan ma'anar da ba wanda ya bincika, alhali yaron zai amsa sunan nan har ƙarshen ransa. Duk sunan da aka kawo mana, abu uku muke tambaya, kuma kowanne da inda ake neman amsarsa: daga wane harshe ya fito, mece ce ma'anar kalmar a wannan harshen, wa ya taɓa amsa shi a tarihi.

Tambaya: Maiɗakina ta kusa sauka. Ta ga sunan Ayan a intanet, an rubuta cewa ma'anarsa "kyautar Allah" kuma yana cikin Alƙur'ani. Shafi huɗu na duba, duk haka suka ce. Wannan ya isa hujja? Daga wani magidanci a Aboabo.

Amsa: Allah ya sauke ta lafiya. Shafi huɗu da suka faɗi magana iri ɗaya, sau da yawa shafi ɗaya ne aka kwafa sau huɗu. Ka lura da kyau, za ka ga har jerin kalmomin bai canza ba, kuma babu wanda ya ce ga littafin da ya gani a ciki. Irin waɗannan shafuka suna zuba sunayen Larabci da na Farisa da na Urdu da na Turkiyya a kwando ɗaya, su lulluɓe su da "sunayen Musulunci".

Matakin farko, ka sa a rubuta maka sunan da baƙaƙen Larabci, da wasulla. Rubutun boko yana haɗiye abubuwan da ma'ana ta rataya a kansu: ba ya raba ain da hamza, ba ya raba sin da sodi, ba ya nuna inda aka ja wasali ko aka yi shadda. To da ka ce a rubuta Ayan, nan take mai rubutu zai tambaye ka wanne kake nufi, domin aƙalla kalma uku ce take iya zama. Akwai أيّان, mai hamza da shadda a kan ya. Ita ce ta cikin Alƙur'ani, ta zo sau shida, misali a Suratul A'araf aya ta 187 da Suratun Nazi'at aya ta 42, inda ake tambayar Annabi (SAW) game da tashin ƙiyama. Ma'anarta "yaushe?" Kalmar tambaya ce kawai. Akwai أعيان, jam'in ain, wato manyan gari, masu faɗa a ji. Akwai عيان, ganin abu ƙuru-ƙuru da ido. Sannan Somaliyawa suna da nasu Ayaan, wanda a harshensu yake nufin sa'a, kuma mata aka fi sa wa. Cikin duk waɗannan babu "kyautar Allah". Idan wannan ma'anar kuke so, Larabci yana da Hibatullahi da Aɗa'ullahi, Hausa kuma tana da Kyauta, wanda ake kiran ɗan da aka daɗe ana jira.

Mataki na biyu, a fitar da tushen kalmar, wato baƙaƙe ukun da aka gina ta a kansu, domin ƙamusun Larabci da tushe ake shiga cikinsa. A nan mutane da yawa suke ɓata, su rufe littafi su ce sunan ba ya ciki. Mu'ujamul Wasiɗ, na cibiyar harshen Larabci ta Alƙahira, da baƙin farko na tushe aka jera shi, shi ya sa ya fi sauƙi ga mai fara bincike. Ƙamusul Muhiɗ na Fairuzabadi da Lisanul Arab na Ibn Manzur, wanda ya rasu a 711 bayan hijira, su da baƙin ƙarshe ake fara nema, sannan na farko. Misali Faɗima: tushenta fa, ɗa, mim. A Wasiɗ za ka buɗe harafin fa. A Ƙamus kuwa sai ka je babin mim, sannan fasalin fa. Akwai wasu bugu na Lisan da aka sake wa tsari zuwa baƙin farko, saboda haka ka duba gabatarwar wanda yake hannunka.

Mataki na uku, idan an ce suna yana cikin Alƙur'ani, a nemi sura da lambar aya. Littafin Mu'ujamul Mufahras na Muhammad Fu'ad Abdulbaƙi ya jera kalmomin Alƙur'ani da wuraren da suka fito. Alarammomin makarantunmu ma, ka faɗa wa ɗaya kalmar, kafin ka rufe baki ya karanto maka ayar. Bayan an samu ayar sai a karanta fassararta gaba ɗaya. Zuwan kalma a Alƙur'ani kaɗai bai mai da ita sunan kirki ba: Fir'auna da Hamana da Ƙaruna duk suna ciki. Tukazziban tana da daɗi a kunne, ta maimaitu sau 31 a Suratur Rahman, amma ma'anarta "kuke ƙaryatawa". Waɗanda suka tsallake wannan gwaji akwai Salsabil a Suratul Insan aya ta 18 da Tasnim a Suratul Muɗaffifin aya ta 27, dukansu maɓuɓɓugai ne a Aljanna, sai kuma Kausar.

Duk wannan aikin yamma ɗaya ne tsakanin la'asar da magariba, idan ka samu malamin da ya yi nahawu da lugga. Ka je da sunaye uku ko huɗu a takarda, kada ka je da ɗaya tak, don kada ya faɗi ka rasa na mayarwa ana gobe suna.

Tambaya: Na sa wa 'yata Asiya, yanzu tana da wata biyar. Wata makwabciya ta ce ma'anarsa "mai saɓo", wai har Annabi ya taɓa canza wa wata wannan suna. Hankalina ya tashi. Daga wata uwa a Asawase.

Amsa: Ki kwantar da hankalinki, Malama, Allah ya raya Asiya. Makwabciyarki ta ji magana ta gaskiya amma ta ɗora ta a kan sunan da ba shi ba. Suna biyu ne da boko ya haɗe su. Na farko آسية, da alif mai ja a farko da sin. Shi ne sunan matar Fir'auna, wadda ta yi imani ta roƙi Allah ya gina mata gida a wurinsa cikin Aljanna, kamar yadda ya zo a Suratut Tahrim aya ta 11. Buhari da Muslim sun ruwaito daga Abu Musal Ash'ari cewa Annabi (SAW) ya ambace ta tare da Maryam 'yar Imrana cikin matan da suka kai ga kamala. Na biyu عاصية, da ain da sodi, shi ne "mai saɓo". Wannan ne ya zo a Sahihu Muslim daga Ibn Umar cewa Annabi ya canza shi zuwa Jamila. Duk Bahaushen da ya sa wa 'yarsa Asiya, matar Fir'auna yake nufi, kuma ita liman ya raɗa. Abin da za ki yi shi ne, ranar da za ta shiga makaranta ki tabbatar malam ya rubuta shi da alif da sin a rajista da kan allonta, don ta tashi da rubutun daidai.

Irin wannan haɗewa tana cikin Amina. Mahaifiyar Annabi آمنة ce, ana jan wasalin farko, mai aminci daga tsoro. أمينة kuwa, da jan wasalin tsakiya, mai riƙon amana ke nan. Duka biyun kyawawa ne, sai dai wanda ya yi niyyar sunan mahaifiyar Annabi ya san wanne ne nasa. Haka Zahra: زهرة fure ne, الزهراء kuma mai haske, laƙabin Nana Faɗima.

Tambaya: Ina koyarwa a wata makarantar Islamiyya. Yara sun tambaye ni a wace sura sunan Bilkisu yake, na duba Suratun Namli ban gan shi ba. Daga wani malami a Tafo Zango.

Amsa: Ba za ka gan shi ba, Malam, domin ba ya ciki. Suratun Namli ta ba da labarin sarauniyar Saba'i da Annabi Sulaimanu, amma ba ta kira ta da suna ba. Bilkisu daga littattafan tafsiri da tarihi ya zo. Haka Zulaiha: Suratu Yusuf "matar Aziz" ta ce, kuma masu tafsiri ma ba su haɗu a kan suna ɗaya ba, Ibn Kasir ya kawo Ra'ilu ya kuma kawo Zulaiha. Hauwa'u ma Alƙur'ani matar Adamu ya kira ta, sunanta a hadisin Buhari da Muslim yake. Mace ɗaya ce rak aka ambata da sunanta a Alƙur'ani, Maryam, sau 34. Cikin sahabbai kuma Zaidu kaɗai, a Suratul Ahzab aya ta 37.

Ka koya wa yaran su riƙa raba matakai uku: abin da yake cikin Alƙur'ani, abin da ya tabbata a hadisi, da abin da masu tafsiri da tarihi suka kawo. Babu laifi a sa wa yarinya Bilkisu ko Zulaiha, iyayenmu da kakanninmu sun amsa su. Kuskuren shi ne a jingina wa Littafin Allah abin da bai faɗa ba.

Tambaya: Mijina Badagombe ne, yana so a mayar da sunan mahaifinsa Fuseini. 'Yan'uwana sun ce sunan gargajiya ne, a nemi na Musulunci. Su wa ke da gaskiya? Daga wata mai jego a Sabon Zango.

Amsa: Mijinki ne da gaskiya. Fuseini shi ne Husaini, jikan Annabi (SAW), bakin mutanen arewa da na ƙasashen Mande ne ya juya shi. 'Yan'uwanki su tuna cewa Hausa kanta tana musanya fa da ha a gaban wasalin u: wani ya ce huɗu, wani ya ce fuɗu. Shi ya sa tagwaye a gidajen Dagombawa za ki ji Alhassan da Fuseini, daidai da Hasan da Husaini na gidan Bahaushe.

Wannan babi yana da faɗi a ƙasar nan ta Gana, saboda Musulunci ya shigo ta baki fiye da ɗaya. Wangarawa sun riga Hausawa isowa da ƙarnoni, suna fataucin zinariya ta garin Bighu. Kalmar Kramo da Asantawa suke kiran Musulmi da ita daga karamoko ta fito, wato malami a harshen Mande. Turawan da suka zo Kumasi a 1817 da 1820 sun tarar da Musulmi a kusa da fadar Asantehene, sarkin Asantawa. Hausawa kuma goro ya kawo su Salaga, bayan yaƙin basasar Salaga na 1892 suka watsu zuwa Kete Krachi da Kumasi da bakin teku. Kowace al'umma ta lanƙwasa sunayen Larabci yadda harshenta zai ɗauka. Abubakar ya zama Bukari, Umar ya zama Imoro ko Moro, Usman ya zama Osumanu, Ibrahim ya zama Braimah, Salihu ya zama Salifu, Sa'idu ya zama Seidu, Halidu ya zama Alidu, Habiba ta zama Abiba, Maimuna ta zama Memuna. Sunan John Dramani Mahama ma, Dramani Abdurrahman ne, Mahama kuma Muhammad.

Ga yadda za ki gwada kowane irin wannan suna da kanki. Ki cire wasulla, ki bar baƙaƙe: Bukari ya bar b, k, r, daidai da Bakr. Ki sa ran ha ta farko tana iya faɗuwa ko ta koma fa, ain yana ɓacewa, za tana iya komawa sa, kuma ana ƙara wasali a ƙarshe. Sannan ki tambayi dattijon wannan ƙabila yadda limaminsu yake faɗin sunan a ranar suna, domin sau da yawa liman na asali yake raɗawa, gida kuma su kira da nasu.

Amma gwajin baƙaƙe ba ya aiki a kan wasu sunayen Hausa, saboda su al'ada ce ta haɗa su da sunan yanka. Mairo daga Maryam, Habu daga Abubakar, Audu daga Abdullahi, waɗannan kunne ma ya ji. Shehu kuwa ana kiran Usman da shi ne saboda Shehu Usmanu ɗan Fodiyo, wanda ya rasu a 1817. Sanda na Umaru ne, Garba na Abubakar, Indo ta A'isha, Binta ta Faɗima. Kunya ce ta raya yawancinsu: matar da aka mayar wa ɗanta sunan surukinta ba za ta iya kama sunan ba, sai ta sakaya. Daga nan ne Baba da Abba da Ummi da Maikano da ire-irensu suke fitowa.

Sai a yi hattara da kamannin sauti, nan ne tarkon yake a gari mai harsuna da yawa irin Kumasi. Adisa ko Adiza da ake kiran mace a zango Hadiza ce, wato Khadija. Yarbawa kuma suna da nasu Adisa na namiji, babu abin da ya haɗa su. Ama ta Asantawa yarinya ce da aka haifa ran Asabar, ba ta da dangantaka da أمة ta Larabci da take cikin Amatullahi. Nana a bakin Bahaushe girmamawa ce ga mai sunan A'isha ko Faɗima ko Asma'u, a Twi kuwa sarki da kaka da jika ake kira da ita.

Tambaya: Kakanmu sunansa Ɗanlami, amma ranar haihuwar da take takardunsa da na lissafa sai ta faɗo Litinin. Sunan ne ya yi ƙarya ko takardar? Daga wani ɗalibi a Alabar.

Amsa: Mun fi zargin takardar. Mutanen wancan zamani da yawa ƙiyasta musu ranar haihuwa aka yi lokacin da suka je neman aiki ko fasfo, amma uwa ba ta manta ranar da ta durƙusa. Sunayen rana a Hausa sanannu ne: Ɗanladi da Ladi na Lahadi, Ɗanliti da Altine na Litinin, Ɗantala da Talatu na Talata, Bala ko Balarabe da Larai ko Balaraba na Laraba, Ɗanlami da Lami na Alhamis, Ɗanjuma da Jummai na Juma'a, Ɗan'asabe da Asabe na Asabar. Maƙwabtanmu Asantawa ma haka suke yi, Kwasi da Akosua na Lahadi har zuwa Kwame da Ama na Asabar.

Ga misali biyu da kowa zai iya gwadawa. An haifi Kofi Annan a nan Kumasi ranar 8 ga Afrilu 1938. Kofi na Juma'a ne, kuma ranar ta faɗo Juma'a, suna da takarda sun yi daidai. Sunansa na tsakiya, Atta, yana shaida cewa ɗan tagwaye ne, kuma haka ne. Kwame Nkrumah kuwa, ranar da ake tunawa da haihuwarsa 21 ga Satumba 1909 ce, wadda ta faɗo Talata, alhali shi da kansa ya rubuta cewa ran Asabar aka haife shi a Nkroful, kuma limamin coci ne ya rubuta waccan ranar daga baya. Asabar mafi kusa ita ce 18 ga watan.

Lissafin ba shi da wuya. Tsakanin 1901 da 2099 kalandar boko tana maimaita kanta duk shekara 28. Ka yi ta ƙara 28 a kan shekarar har ka iso wadda wayarka za ta nuna maka cikin sauƙi: 1938 da 84 ya ba da 2022, 1909 da 112 ya ba da 2021. Ranar mako da ka gani a nan, ita ce ta can.

Kafin ka yanke hukunci a kan kakanka, abu biyu za ka tambayi tsofaffin gidanku. Na ɗaya, da rana aka haife shi ko da dare? A lissafinmu dare yana gaban yini, wanda aka haifa bayan magaribar Laraba a daren Alhamis ya zo, yana iya zama Ɗanlami alhali asibiti za ta rubuta Laraba. Wannan yana kawo bambancin kwana ɗaya ne kawai, bai kai daga Alhamis zuwa Litinin ba. Na biyu, sunan nasa ne ko gadonsa ya yi? Idan an mayar masa da sunan wani Ɗanlami ne, laƙabin yana bin takwara ko da wace rana aka haifi yaro. Kuma kada a cusa Tanko cikin sunayen rana. Tanko namiji ne da ya biyo bayan mata, kamar yadda Kande ko Delu take mace bayan maza, Gambo mai bin tagwaye, Audi wanda mahaifinsa ya rasu yana ciki. Ƙamusun Bargery na 1934 da Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero ta Kano na 2006 suna taimakawa a nan, na Twi kuma akwai ƙamusun Christaller na 1881.

Tambaya: Wani ya ce min ma'anar Khadija "bakwaini". Gaskiya ne? Idan haka ne, ya dace in sa wa 'yata? Daga wani ango a Yalwa.

Amsa: Gaskiya ne. Tushen kha, dal, jim a Larabci yana nufin haihuwa kafin cikar lokaci. Shafukan da suke rubuta "mai gaskiya" ko "mai daraja" halin Uwar Muminai suka ɗauka suka sa a gurbin ma'anar kalma. Larabawan farko da abin da yake gabansu suke sa suna. Faɗima daga yaye take, Bakr saurayin raƙumi ne, Ja'afar ƙorama, Usama zaki, Ramlatu daga rairayi. Ka sa wa 'yarka Khadija da farin ciki. Annabi (SAW) ya zauna da ita shekara 25 bai canza mata suna ba, alhali ya canza wa wasu: Barra ya mai da ita Zainab saboda sunan yana nuna yabon kai, wata Barrar kuma Juwairiyya. Wanda ya sa Khadija darajar mai sunan yake nema wa 'yarsa.

Sunayen annabawa irin su Ibrahim da Isma'il da Ishaƙ da Yusuf kuma kada a wahalar da kai wajen nema musu tushe a ƙamusun Larabci. Malaman nahawu da kansu sun ce baƙin sunaye ne a harshen, shi ya sa ba sa ɗaukar tanwini. A Ibrananci Isma'il yana nufin Allah yana ji, Ishaƙ yana dariya, Yusuf zai ƙara.

Idan kuma aka ce maka suna na sahabi ne ko sahabiya, wurin dubawa shi ne Al-Isaba na Ibn Hajar, wanda ya rasu a 852 bayan hijira, ko Usdul Gaba na Ibnul Asir, ko Al-Isti'ab na Ibn Abdil Barr. Al-Isaba yana da wani tsari da ya kamata a sani: kowane harafi an kasa shi kashi huɗu. Na farko waɗanda sahabantakarsu ta zo ta hanyar ruwaya, na biyu yaran da aka haifa a zamanin Annabi, na uku waɗanda suka riski zamanin amma ba su haɗu da shi ba, na huɗu waɗanda aka sa cikin sahabbai bisa kuskure. Saboda haka ganin suna a littafin bai wadatar ba, sai an duba a wane kashi yake. Mata suna can ƙarshen littafin, a ɓangarensu daban. Maganar nan da ake yawan ji a wurin suna, wai mafi alherin sunaye shi ne mai "hamdu" ko "abdu" a ciki, malaman hadisi sun ce ba ta da asali da wannan lafazi. Abin da ya tabbata a Sahihu Muslim shi ne sunayen da Allah ya fi so su ne Abdullahi da Abdurrahman.

Tambaya: Ɗana na fari, a katin awo an rubuta Abdul Rahman, a takardar haihuwa Abdul Raman, a makaranta kuma Rahman kawai. Yanzu an sake haihuwa a gidana, yaya zan kauce wa wannan? Daga wani direba a Sawaba.

Amsa: Barka, Allah ya raya. Kwanakin da suke tsakanin haihuwa da suna su ne lokacin wannan aiki. A mazhabar Malikiyya da yawancinmu muke bi, Risalar Ibn Abi Zaid ta ce ba a lissafa ranar da aka haihu cikin kwana bakwai, masu sharhi suka ƙara da cewa sai in kafin alfijir aka haihu. Shi ya sa wanda aka haifa Talata da hantsi, sunansa yake faɗowa Talata mai zuwa. Kana da mako guda cur.

Ka samu takarda ɗaya, a rubuta sunan da Larabci a sama, da boko a ƙasa da manyan baƙaƙe, ku zauna kai da maiɗakinka ku tsayar da rubutu ɗaya: Mohammed ko Muhammad, Fuseini ko Husaini, Khadija ko Hadiza. Ku tsayar da wanne ne sunan yaro, wanne ne na mahaifi, da yadda za su jeru. Ka ɗauki hoton takardar a waya. Ita za ka miƙa wa liman da safiyar suna, ita za ka miƙa wa ma'aikaciyar awo, ita za ka kai ofishin rajistar haihuwa. Kada ka faɗa da baki a cikin hayaniyar asibiti, mai rubutu abin da kunnensa ya ji zai sa, kuma ha da ain na Larabci ba kowane kunne yake kama su ba. Kafin ka bar teburin ka karanta abin da aka rubuta baƙi bayan baƙi. Rajistar haihuwa a Gana kyauta ce idan an yi ta cikin wata 12 na farko, bayan haka akwai kuɗi da ƙarin takardu.

Sunaye masu Abdul suna buƙatar kulawa ta musamman. Abdul shi kaɗai rabin magana ne, "bawan", ba a faɗi na wa ba. Idan aka raba shi gida biyu a fom, kwamfuta tana ɗaukar Abdul a matsayin sunan yaro, Rahman a matsayin sunan tsakiya ko na mahaifi, daga nan makaranta ta jefar da ɗaya. Rahman kuwa sunan Allah ne da malamai suka ce ba a kiran wani da shi. Ka rubuta shi a haɗe, Abdulrahman ko Abdurrahman, a gida ɗaya na fom.

Game da babban, tun bai kai ga rajistar BECE, jarrabawar kammala ƙaramar sakandare, ba ka gyara, domin sunan da ya hau takardar jarrabawa shi zai bi shi zuwa WASSCE ta kammala babbar sakandare da katin ɗan ƙasa na Ghana Card da fasfo. Ka fara da takardar haihuwa, ita ce uwar sauran. Ka je ofishin rajistar da katin awo da katinka na shaida ka nemi gyaran kuskuren rubutu, za a iya neman ka kawo takardar rantsuwa. Idan canjin suna ne gaba ɗaya, bayan rantsuwar sai an buga shi a jaridar gwamnati ta Gazette. Da takardar da aka gyara ta fito, ka kai kwafinta wa shugaban makarantar, ka tsaya a gyara rajistar aji a gabanka.